Ba Ni Ke Zana Fuskokin Ba

Ku da kuka cika min akwatin saƙo da "ki aure shi kawai, Chinatsu, me kike jira," ku ɗan dakata tukuna. Na gaya muku Nagase-san mutumin kirki ne. Na gaya muku yana da shagon ɗinka tabarmar tatami da ya gada wurin mahaifinsa, matarsa ta rasu ta bar masa 'ya ɗaya, kuma in zai yi dariya sai ya kare baki da bayan hannu kamar wanda ya saci abu. Duk gaskiya ne, in ban da sunayen, waɗanda kun san na aro ne. Abin da ban gaya muku ba shi ne abin da shi ma ban gaya masa ba. Jiya Lahadi ya fashe a hannuna, kuma har yanzu ban san ko gyara na yi ko ɓarna ba.

Nagase-san ya san ni a matsayin Amamiya Sui, mai zana labarin nan na yarinyar da ke gadin tashar jirgin ƙasa ta ƙarshe, Tsubame, wanda ke fitowa duk wata a mujallar yara 'yan makaranta. Sunan nawa ne, ni na sa hannu a kansa, ni nake zuwa ofishin mujalla in sunkuya, ni ake ce wa Sensei, wato Malama. A sana'armu ba wanda ya damu da ganin fuskar mai zane. Wani ma hoton kyanwa ko tukunya yake sawa a madadin nasa, ya mutu ba a san kamanninsa ba.

Zane kam na iya, kada ku ce ƙarya zalla ce. Ba ni falwaya da wayoyinta, ba ni gadar jirgi, ba ni lungu da ruwan sama ya jiƙa, sai kun ji kamar ku taka. Amma fuska? In na zana mutum yana kuka, sai ku rantse atishawa ce ta kama shi.

Fuskokin Yayana Tatsuhiko ne ke zana su. Labarin ma nasa ne.

Wasunku sun taɓa karanta littattafansa da wani suna, kafin a kwashe su daga shaguna. Ya taɓa jikin wata yarinya 'yar makaranta a hanya, 'yar shekara goma sha huɗu. Ba sharri aka yi masa ba, bai musa ba, kuma ba zan ƙawata muku shi ba. Kotu ta yi masa ɗaurin je-ka-gyara-halinka. Mujallarsa ta tsayar da labarinsa a tsakiyar faɗa, jarumin ya ɗaga takobi har yau bai sauke ba. Muka bar unguwarmu muka dawo nan unguwar Nerima, muka koma amfani da sunan gidan su Mama, Kuramochi. Da abubuwa suka lafa, wani edita ya zo da kwalin alewa ya zauna a falonmu yana kallon ƙasa, ya ce hannu irin na Yaya bai kamata ya ruɓe ba, ai ga ƙanwa tana zane. Mama ta kalle ni. Ni kuma na kalli ƙofar ɗakin da Yaya ya shige ba ya ko buɗe labule. Na ce to.

Sharaɗi ɗaya aka gindaya: Yaya ba ya hulɗa da masu karatu. Ba wasiƙa, ba saƙo, ba taro. Shi da takarda kawai.

To, jiya ne Nagase-san ya gayyace ni gidansa karo na farko, in ga 'yarsa Kotone. Tun da safe Mama ta hana ni sakat.

"Ba wannan ba, cire. Kin yi kama da mai zuwa neman aiki a banki."

"Mama, ita ce kika zaɓa shekaranjiya."

"Shekaranjiya ban ga ƙibar da kika yi ba. Sa mai ruwan toka, ki ɗora farar rigar sanyi. Kuma safa sabuwa, ba wadda babban yatsa ke leƙe ba. Gidan mai tatami za ki, ƙafarki zai fara kallo."

Ta naɗe kwalin yokan, alewar waken nan, a ƙyalle shuɗi, ta kwance, ta sake naɗewa. Tana ɗaure bakin ƙyallen ta ce, ba tare da ta ɗago ba, "In an tambayi yayanki, aikin kwamfuta yake yi a gida. Ba shi da cikakkiyar lafiya."

"Har yaushe zan riƙa faɗin haka?"

"Har ki shiga gidansa. Mutum in ya saba da miyarki, abubuwa da yawa yana haɗiye su. Shekarunki talatin da ɗaya, Chinatsu. Goggonki Fumie ta sha wuya kafin ta samo wannan, kuma shi kaɗai ne bai sa an binciki gidanmu ba. Kin san dalili? Don yana ganin girmanki. Kada ki je ki zubar."

Akwai wata matsala da muka daɗe muna tsoro. Kotone tana son Tsubame kamar ranta, kuma duk yaron da ya haɗu da mai zane, abu ɗaya yake yi: ya miƙo shikishi, farin katin nan mai kauri mai gefen zinari, ya ce a zana masa jarumar a gabansa. Shi ya sa ban taɓa yarda da taron sa hannu ba. Mama ce ta kawo dabara, ta ce a je da katin a zane tun daga gida, in yarinya ta samu nata ba za ta nemi wani ba.

Na ƙwanƙwasa ɗakin aiki. Yaya yana zaune ya ba ƙofa baya, ya ɗaura tawul a goshi, tsohuwar rigarsa duk ɗigon tawada. Ya rame. Ba ya fita lokacin da yara ke tashi daga makaranta, ko madara ce ta ƙare sai ya jira. Yana zuwa wurin likitan da kotu ta haɗa shi da shi, bai taɓa fashi ba ko bayan wa'adin ya cika. Ina gaya muku wannan ne don ku san abin da ya sa kaina ke juyawa. Mutumin nan shi ya koya min riƙe rula. Shi ya goya ni zuwa asibiti ranar da na faɗo daga keke.

"Ga shi can, ya bushe," ya ce, ya nuna da gindin alƙalami.

Na ɗauka. Tsubame ce sanye da rigar ruwa ruwan ɗorawa, hular ta ɗan karkace, tana murmushin nan nata na gefe ɗaya. A ƙasa an rubuta: Zuwa ga Kotone-chan.

"Rigar ruwa kuma? Ai sau ɗaya ta taɓa sa ta."

"Ta fi kyau a kati," ya ce. "Ki gaishe da mai tabarma. Kada ki cika surutun falwaya, kin san halinki."

"Kai dai ka ci abincin da aka aje maka."

Na sa katin a jaka. Ban kawo komai a raina ba.

Ina cikin jirgin ƙasa saƙon Nagase-san ya shigo.

"Kotone ta share ɗakinta ba a sa ta ba. Ina jin girgizar ƙasa na tafe."

Na rubuta: "Ka ce mata kada ta wahalar da kanta, ni ba kowa ba ce."

"A gidan nan ke ce kowa. Ni an mayar da ni mai dafa shayi."

Sai ya turo hoton wani kare yana sunkuyawa. Mutum mai shekara arba'in! Na yi dariya ni kaɗai har wata tsohuwa ta harare ni. Ku fahimce ni, ina son mutumin nan. Ba don Mama ba, ba don Goggo ba. Hannayensa kaushi ne da su kamar bawon itace, amma in zai miƙo miki kofi sai ya juya marikin ya fuskance ki.

Shagon yana ƙasa, gidan yana sama. Tun daga bakin titi ƙamshin ɗanyar ciyawa ya tare ni. Ya fito da riga mai guga wadda a gani ba ta saba da jikinsa ba. Na cire takalma na juya su suka kalli ƙofa, ya aje min silifas sababbi, har da ragowar zaren farashi a jiki. Kafin komai na roƙi in gaishe da marigayiya. Ya kai ni gaban hotonta, na durƙusa na kunna turare na haɗa hannu. Mace ce mai faɗin goshi, tana dariya da dukkan haƙoranta. A zuciyata na ce mata, ki yi haƙuri, ni ma ban san me na zo yi ba.

Sannan Kotone ta fito. Doguwa ce, siririya, gashi an yanke shi daidai haɓa, ta sa rigar sanyi da ta fi ƙarfinta, hannuwan sun rufe yatsu. Ta sunkuya har na ji tsoron kada ta kife.

"Sensei! Sannu da zuwa. Ni ce Kotone. Kin sani ai. Wato... kin sani."

"Numfasa mana," in ji babanta. "Ba gudu za ta yi ba, na ɓoye takalmanta."

"Baba, don Allah ka tafi ka dafa shayinka!"

Aka ci abinci. Shinkafa da kifi gasasshe, da miyar miso da ya cika wa gishiri, Kotone ta ce ai kullum haka yake, hannunsa bai san kaɗan ba. Ya ce wadda ta ƙona ruwan zafi ba ta da bakin magana. Ina zaune tsakaninsu ina jin wani abu yana narkewa a ƙirjina. Gidanmu an daɗe ba a yi irin wannan faɗan ba. Mu a hankali muke tauna abinci, kada wani ya ji.

Da aka kwashe kwanuka ta ɗauko littafin zanenta. Yarinyar tana da hannu, ba yabon surukai ba. Na buɗe shafin da ta zana wata mata tana miƙa hannu, na ce gwiwar hannun nan ta zauna daidai.

Fuskarta ta yi haske. "Ai ke kika gyara min! Na yi yadda kika ce, na daina danne alƙalami in na zo lanƙwasa."

Na ce, "Ni?"

"A saƙo mana." Ta zaro waya daga cikin hannun riga, ta matso har kafaɗarta ta taɓa tawa. "Ƙawayena ba su yarda ba sai da na nuna musu. Suka ce ai masu zane ba sa amsawa."

Shafin Amamiya Sui ne na intanet. Shafina. Ni nake sa sanarwar fitowar littafi a ciki, amma ɓangaren saƙonni na daɗe da daina buɗewa, sun yi yawa. Shafin kuwa a buɗe yake a kan allon zane na kwamfuta da ke ɗakin aiki, wanda muke amfani da shi mu biyu.

Tana ja da yatsa, ina karantawa. Tun farkon bazara ake yi. Ta turo zane, a amsa mata. "Wuyan ya yi tsawo." "Ki kalli hannunki a madubi ki zana shi." "Wannan ya fi na jiya." Gajeru ne, irin maganar Yaya sak, ba ado. A wani wuri ta rubuta: "Ni ce 'yar Nagase mai tatami, Baba ya ce kun san juna." Aka amsa: "Na sani. Ki gaishe shi." Can ƙasa ta rubuta cewa duk cikin zanen Tsubame, wanda ta sa rigar ruwa ta fi so.

Jakata tana jingine da ƙafata. Sai na ji kamar garwashi ne a ciki.

Na ci gaba da neman kalma ɗaya mara kyau. Ban san ko so nake in samu ko kada in samu ba. Babu. Bai tambaye ta hotonta ba, bai tambayi makarantarsu ba, bai ce ta ɓoye wa kowa ba. Sai saƙon ƙarshe, na ranar Alhamis. Ta ce: "Sensei, zan iya zuwa ɗakin aikinki ran Asabar in ga yadda ake yi? Zan zauna shiru." Amsar ita ce: "Sai in Babanki ya yarda."

Ku gaya min, wannan mece ce? Maganar mutumin kirki ce, kowace uwa za ta ce madalla. Amma ba a'a ba ce. Kuma ɗakin aikin nan ɗaki ɗaya ne, kujera biyu.

Nagase-san ya shigo da tire. "Au, an kai ga maganar Asabar? Tun Alhamis take bina da ita har banɗaki. Ni dai na yarda, in ba za ta dame ki ba. Zan kawo ta da kaina, in wuce kai tabarma, in dawo in ɗauke ta da yamma."

Su biyun suka zuba min ido. Shi da fara'arsa, ita ta haɗa hannuwa a ƙirji.

Na ce, "Bari in duba yadda aiki yake."

Muryar da ta fito ba tawa ba ce. Kotone ba ta lura ba, ta riga ta ruga ɗaki ta dawo da shikishi sabo fil, da alƙalami a kai, ta miƙo da hannu biyu.

"In ba damuwa... Tsubame. Ko ƙarama ce."

Ga wanda aka zana a jakata. In na zaro shi, an gama, yarinya za ta yi tsalle, Mama za ta yi barci. Na sa hannu a jakar har na taɓa gefensa. Sai na ga sunanta a idona, da rubutunsa, a rataye a bangon ɗakin da ta share da safe. Na zaro hannuna ba komai.

Na karɓi nata. Na zana abin da na iya: dandamalin tasha, da benci, da fitila, da layin dogo da ya tafi ya ƙanƙance, da falwaya uku da tsuntsu a kan waya. Ta sa kai tana kallo har numfashinta na taɓa yatsuna.

"Kai! Kamar a cikin mujallar." Ta duba ko'ina a katin. "Ina Tsubame?"

"Ba ta iso ba tukuna."

Ta yi dariya, ta ɗauka wata hikima ce ta manyan masu zane. Ta rungume katin. Ni kuma na juya na ce, "Nagase-san, ka ce za ka nuna min shago."

Muka sauka. Ya kunna fitila, ya fara nuna min ciyawar da ake kawowa daga kudu, da doguwar allurar da kakansa ya yi aiki da ita. Yana magana da zumuɗi, yana cewa yanzu duk inji ne amma gefen nan sai hannu. Na bar shi ya kai aya, don na san daga nan ba zan ƙara jin wannan muryar ba.

"Kada ka kawo Kotone gidanmu ran Asabar."

"To, ba komai, in aiki ya yi yawa..."

"Ba ni na amsa mata saƙonnin nan ba. Yau na fara ganinsu."

Ya aje allurar a hankali. Na faɗa masa. Ban tsara ba, haka ya riƙa fitowa baya a gaba: fuskoki, edita, kotu, tsohon sunanmu, sunan da Yaya yake zane da shi a da. Da na ambaci sunan sai na ga ya gane, don har a talabijin an faɗa. Bai ɗaga murya ba. Da ma ya yi.

"Yarinyar," ya ce. "Shekarunta nawa?"

"Sha huɗu."

"Kotone za ta cika sha huɗu da kaka."

"Na sani."

"Kin sani." Ya shafa tabarmar da ke kan teburin aiki, ya sake shafawa, kamar yana neman inda ta tashi. "Yana ɗakin da za ta zauna shiru ɗin?"

"E."

"Da na sauke ta a ƙofa na tafi kai tabarma."

"Da ban bari ba. Shi ya sa nake gaya maka."

"Da ba ta nuna miki wayar ba fa? Yaushe za ki gaya min? Bayan an ɗaura? Ranar da za mu zo gaisuwar sabuwar shekara ita da ni, ya buɗe mana ƙofa?"

Ku da kuke da amsa, ku ba ni, don ni har yanzu ba ni da ita.

Daga sama Kotone ta ƙwala kira, "Baba! Kada ka cika ta da labarin ciyawa!"

"Muna zuwa," ya amsa, da muryarsa ta kullum. Yadda ya iya yin haka ya fi komai karya min zuciya. Ya hau ya ɗauko min jaka da rigar sanyi, ya ce mata an kira Sensei daga ofis. Ya raka ni bakin titi. Watanni ke nan yana ce min Chinatsu-san. Ya haɗe ƙafa ya sunkuya irin wadda ake yi wa mai sayen kaya.

"Na gode da kika faɗa, Kuramochi-san. Ki sauka lafiya."

Rana ba ta faɗi ba na isa gida. Mama tana bakin ƙofa da tsumma a hannu, wai goge takalma take yi.

"Ya aka yi? Ta karɓi katin? Me ya ce da yokan ɗin?"

Na wuce ta. Na buɗe ɗakin aiki ba ƙwanƙwasawa, na aje katin a kan shafin da yake zanawa.

"Tun yaushe?"

Ya kalli katin, ya kalle ni. Bai yi kamar bai gane ba. "Zane ta turo. Hannun ya karye a gwiwa. Na kasa gani in yi shiru."

"An ce ba ka amsa wa kowa!"

"Ban ce mata komai ba, Chinatsu. Ki karanta."

"Na karanta. Me ya hana ka ce mata a'a?"

"Da sunanki nake magana. Ke za ki ce wa 'yar mijinki a'a?"

"To me ya hana ka gaya min?"

Ya cire tawul ɗin goshinsa ya riƙe. Na jira. Na so ya ce mantawa ya yi, ko kunya ya ji, ko ma ya yi min ƙarya mai kyau in kama. Sai cewa ya yi, ƙasa-ƙasa, "Ban sani ba. An daɗe wani bai ce min na gode ba."

Mama ta faɗo ɗakin. Ta ji komai. "Kin faɗa masa? Kin faɗa? Wayyo ni! To me yaron nan ya yi? Ca ya yi sai babanta ya yarda! Wannan laifi ne? Ya yi kuskure, an hukunta shi, ya biya. Sai ya mutu za a bar shi?"

"Ita waccan yarinyar fa, Mama? Ita wa ya tambaye ta ko ta gama biya?"

"Kada ki kawo min wannan a gidana!"

"Ita kaɗai ce?" Na juya wurin Yaya. "Kotone kaɗai ka amsa wa?"

Bai ɗago ba. "Akwai wasu. Duk a kan zane ne."

Na cire allon daga wuta, na naɗe igiyarsa, na kai ɗakina na kulle a durowa. Bai hana ni ba. Mama ta zauna a ƙasan kicin tana kuka, tana cewa na rushe gida biyu a yini ɗaya. Wataƙila gaskiyarta ne. Wataƙila mutum ne da ya ga hannu a karye ya gyara, ba wani abu. Wataƙila kuma haka wancan karon ma ya fara, da abin da ba komai ba. Ni ƙanwarsa ce, bango ɗaya ya raba ɗakunanmu, kuma ban sani ba. Abin da na gane jiya shi ne shi ma bai sani ba. To in mu biyu ba mu sani ba, da wane dalili za a gwada a kan 'yar mutane?

Yau da safe, ina wanke kofi, waya ta yi ƙara. Nagase-san.

"Na karanta duka. Babu kalma ɗaya mara kyau. Shi ya sa na kasa zama."

Wani saƙon ya biyo.

"Na karɓe wayarta. Tana kuka, ta ƙi cin abinci, ban gaya mata dalili ba. Ba ni zan gaya mata ba. Ba da ni ta yarda ba, da sunanki ta yarda."

Na tsaya da kumfa a hannu ina kallon ɗigon nan da ke nuna yana rubutu. Ya tsaya. Ya ci gaba.

"Ki zo ran Asabar, ke kaɗai. Ki gaya mata da wa take magana, a gabana. Bayan nan sai mu ga ko akwai sauran magana tsakaninmu. Ban yi miki alkawarin komai ba."

Mama ta karanta ta saman kafaɗata. Ta riƙe min hannu da ƙarfi. "Yarinya ce, Chinatsu. Tana da ƙawaye, ƙawayen suna da waya. In ta sani ran Asabar, kafin Litinin duk ƙasar nan ta sani. Za a sake kwashe littattafai. Wannan karon har da sunanki. Ina za mu koma kuma? Wane suna ya rage mana?"

Ba ƙarya ta yi ba. Na tsaya ina kallonta, tsohuwa da gashinta ya yi fari a shekara ɗaya. Na tuna Kotone ta rungume katin da babu kowa a ciki, tana jiran Tsubame ta iso. Na goge hannuna a jikin siket, na rubuta kalma biyu.

"Zan zo."

Alamar an karanta ta fito nan take. Bai ƙara komai ba.

Da na shiga ɗakin aiki, Yaya ba ya nan, yau ranar likitansa ce. Ya bar min shafukan wata mai zuwa a kan teburina kamar kullum, a jere, ya ɗora rulata a kai. Ya gama nasa. Ga Tsubame a shafin farko tana gudu, gashinta a sama, bakinta a buɗe tana kiran wani. Bayanta fari fat, ƙarƙashinta fari fat. Ba tasha, ba hanya, ba ƙasar da za ta taka sai na zana mata.

Tun safe nake zaune a gabanta. Ban ɗauki rular ba.